Majigi A Cikin Gida: Abin Lura Kafin A Biya Kuɗi

Duk wanda ya yi wayo a ƙasar Hausa tun gabanin akwatin talabijin ya zama ruwan dare, ya san abin da ake nufi idan aka ce majigi ya zo gari: mota ce ta hukuma takan iso da la'asar, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada ko a filin makaranta, mai shela ya zaga unguwa-unguwa, bayan sallar isha'i kuwa a tayar da inji, jama'a su zazzauna a ƙasa suna kallon yadda ake haƙa masai, da yadda ake yi wa shanu allura, da labarin Baban Larai da noman audugarsa, wani ma'aikaci riƙe da lasifika yana yi musu bayani. Hukumar shirya finafinai da Turawan mulki suka kafa a 1939, ƙarƙashin William Sellers wanda ya soma wannan aiki yana jami'in kiwon lafiya a Ikko, wa'azin tsafta da noma na cikin abin da ta sa a gaba. Gidajen silima kuma, irin su Rex da aka buɗe a Kano a 1937, an daɗe ana ɗaukarsu wuraren da ɗan mutunci ba ya son a gan shi. Saboda haka babban hoto a jikin bango ya kasance ko dai na hukuma ko na 'yan kasuwa, magidanci ba shi da rabo a cikinsa face ya fita ya same shi.

Yau kuwa na'urar da a da sai an haɗa mata mota da inji da ma'aikata, ga ta nan jibge a shagunan Beirut Road da Farm Centre da kasuwar Sabon Gari a Kano, da Alaba a Ikko, da shafukan Jumia da Jiji da AliExpress, mutum ya riƙe ta da hannu ɗaya, kuɗin wata ma bai kai na matsakaiciyar wayar hannu ba. Wannan arahar ita ce ta kawo ruɗani, domin kwalayen duka iri ɗaya suke magana, kowanne yana da'awar haske mai ɗauke ido da hoto mai inci 200, alhali abin da ke cikinsu ya sha bamban ƙwarai. Ra'ayina, wanda zan yi ƙoƙarin kafa wa hujja a nan, shi ne cewa mai ƙaramin ƙarfi ya kamata ya fara binciken daga ɗakinsa da wutar da yake samu, sa'an nan ya je kasuwa. Wanda ya juya wannan tsari, galibi bayan wata biyu za a tarar da majiginsa a kan sif ƙura ta rufe shi.

Asalin mas'alar tsohuwa ce. Alhasan ibn al-Haisam, malamin nan haifaffen Basra wanda ya wallafa Kitabul Manazir a Misira tsakanin 1011 da 1021, ya tabbatar ta hanyar gwaji cewa haske a miƙe yake tafiya, kuma siffar abin da ke waje takan bayyana a bangon ɗaki idan haske ya kutsa ta ƙaramar kafa, da sharaɗin ɗakin ya kasance mai duhu. Wannan sharaɗi har yau bai faɗi ba, duk da ci gaban da aka samu, saboda majigi, ko na miliyan nawa ne, ba ya iya zana baƙi. Abin da ido ke gani baƙi a cikin hoton, kamar gashin mutum ko inuwar dare, bango ne kawai da ba a haska ba, don haka idan hasken taga ko na ƙwan falo ya riga ya faɗa a kan bangon, baƙin ya koma toka-toka, launuka su dushe, hoton ya yi fari fat. Talabijin daga cikinta haskenta ke fitowa kuma fuskarta baƙa ce tun asali, shi ya sa take jure tsakar rana. To, wanda falonsa ke da manyan tagogi masu fuskantar yamma, kuma iyalinsa da rana suka fi kallo, ya sani cewa labule mai kauri yana cikin kuɗin majigi, kuma sau da yawa ya fi duk wani ƙarin kuɗi da zai saka a na'urar fa'ida.

Daga nan sai maganar ma'auni, wadda a cikinta ne aka fi cin amanar masu saye. Ana auna hasken majigi da lumen, amma lumen ɗin da ake dogara da shi shi ne wanda aka auna bisa ƙa'idar hukumar ma'aunai ta Amurka, wato ANSI, wadda aka tsayar a 1992, ko kuwa ƙa'idar ISO 21118 mai kama da ita: a haska farin hoto a allo, a raba shi gida tara, a auna tsakiyar kowane gida, a fitar da matsakaici. Masu ƙananan majigi da yawa sukan kauce wa wannan mizani, su rubuta 8,000 ko 12,000 ba tare da faɗin abin da suka auna ba, wani hasken ƙwan ne tun bai ratsa gilasai ba, wani kuma ƙirƙira ce tsagwaronta, alhali abin da ke isa bango bai wuce 100 zuwa 300 ba. Lissafin kuma mai sauƙi ne ga wanda ya so yi. Hoto mai inci 100 faɗinsa mita 2.2 ne, tsayinsa kusan mita 1.25, kuma kafin ya kai hasken da aka ƙayyade wa gidajen silima yana bukatar lumen 400 da 'yan kai na haƙiƙa, a farin allo, cikin cikakken duhu. Majigi mai lumen 200 ke nan iyakarsa inci 70 idan ana son hoto mai rai. In aka matsa da shi baya don hoton ya girma, hasken da bai ƙaru ba shi ne zai bazu, kuma duk lokacin da aka ninka girman hoto sau biyu, haskensa yakan koma rubu'i. Wanda ke son kallo da ƙwai a kunne, ko da yamma kafin magariba, maganar 2,000 zuwa 3,000 yake yi, kuma sabuwar na'ura mai wannan ƙarfi ta fita daga sahun masu araha.

Kada a zaci wannan zargi ne marar tushe. A 2020 kamfanin Epson ya kai ƙarar wasu masu sayar da majigi a Amazon gaban kotu a Amurka, cikinsu har da Vankyo da WiMiUS da GooDee da Bomaker, bisa zuzuta hasken kayansu. A 2023 kuma kamfanin XGIMI, wanda ba ƙarami ba ne, ya yi sulhu ya rage adadin da yake rubuta wa samfurinsa Horizon Pro daga 2,200 zuwa 1,500. Gaskiya ne Epson ba don Allah kaɗai ya yi ba, kasuwarsa yake karewa, amma dai mai saye ya amfana. Malaman fiƙihu na mazhabar Malikiyya sun halatta sayar da abin da ba ya nan bisa siffantawa, da sharaɗin idan ya iso ya saɓa wa siffar da aka faɗa, mai saye yana da haƙƙin mayarwa. Illa dai wanda ya yi odar kaya daga Sin ta waya, ya jira mako uku, ya biya kuɗin dako, wannan haƙƙi a takarda kawai yake da shi, kuma mu'amalar ta fi kusa da cinikin biri a sama. Idan ba a ga kalmar ANSI ko ISO kusa da adadin ba, a ɗauka ba a faɗi komai ba.

Irin wannan algus yana nan a maganar kaifin hoto. Hoto ɗigo-ɗigo ne aka jera, kuma kowane majigi yana da adadin ɗigon da aka ƙera shi da shi: mai 1920 sau 1080 yana da ɗigo sama da miliyan 2, mai 1280 sau 720 yana da 921,600, mai 800 sau 480 kuwa 384,000 kacal. Sai a rubuta 4K da manyan haruffa a kwali, ma'anar kuwa na'urar tana karɓar irin wannan hoto ne ta matse shi zuwa nata ƙaramin adadi, kamar yadda abin yake ga ɗan ƙaramin nan mai siffar gwangwani da ake kira HY300, wanda ya cika kasuwa, asalinsa kuma 720 ne. Ba aibi ba ne ya zama 720, muddin an san haka aka saya. Ga zanen yara da finafinan da ake ɗorawa a YouTube, a inci 60 ko 70, ya wadatar. Amma mai son ya karanta fassarar da ke gudana a ƙasan fim, ko ya ga lambar rigar ɗan wasa, ko ya nuna rubutun ajami da wasullansa ga ɗalibai a zaure, ya nemi 1080 na asali, ya bar mai 480 ko da za a rage masa rabin kuɗin.

A cikin akwatin kuwa, hanyoyi uku ne suka shahara. Mafi araha gilashin LCD guda ɗaya ne, ɗan'uwan fuskar wayar hannu, ana haska shi daga baya. Yana shanye mafi yawan hasken, gefunan hotonsa sukan yi dishi-dishi ko an saita tsakiya, kuma idan zafi ya yi masa yawa sai wani tabo rawaya ko ruwan ƙasa ya fito a tsakiyar hoton ya yi ta faɗi. Na biyu mai gilasai uku ne, ja da kore da shuɗi, wanda Epson ya fara fitarwa a 1989, launinsa cikakke. Na uku shi ne DLP, ƙirƙirar Larry Hornbeck na kamfanin Texas Instruments a 1987, wanda ke aiki da ƙananan madubai masu motsi da ido ba ya iya gani, irinsa ne galibin kayan BenQ da Optoma da ViewSonic. Hotonsa da kaifi, sai dai wasu mutane kan ga walƙiyar launuka kamar bakan gizo idan sun kaɗa ido, wasu kuwa ba sa gani ko kaɗan, don haka sai kowa ya gwada da idonsa. Abin da ya shafe mu musamman shi ne ƙura. Kowane majigi fanka gare shi da ke zuƙo iska don sanyaya ciki, kuma daga Nuwamba zuwa Fabrairu iskar da zai zuƙa ta hunturu ce; ƙwayar ƙura ɗaya da ta sauka a kan gilashin ciki takan fito a bango baƙin tabo kamar girman kwabo, a kan goshin mai magana, ba ta gusawa. Shi ya sa na fi ganin ƙimar wanda aka rufe hanyar haskensa ruf, ko wanda ke da matacin ƙura da ake zarewa a kakkaɓe, bisa wanda ya fi shi 'yan lumen kaɗan.

A nan ne muka iso mas'alar da ta fi kowace wuyar yanke hukunci, wato zaɓi tsakanin sabon ƙaramin majigi mai fitilar LED da tsohon majigin ofis na gwanjo, irin wanda makarantu da kamfanonin Turai suka sallama, domin sau da yawa kuɗinsu kusa yake da juna. Na gwanjon, idan daga sanannen kamfani ne, lumen 3,000 ɗinsa na gaske ne, ya ninka ƙaramin sau goma, kuma za a kalle shi ko labule bai rufu sosai ba. Amma ƙwansa na zaiba ne, mai zafi ƙwarai, rayuwarsa sa'o'i 3,000 zuwa 6,000 a galibi, yana dushewa a hankali tun kafin ya mutu, kuma bayan an kashe shi yana son fanka ta ci gaba da hura shi na ɗan lokaci. A ƙasar da ake ɗauke wuta ba sallama, kowace ɗaukewa tana rage masa kwana, sai fa in an haɗa shi da inbata ko UPS. Ga kuma ci: wat 250 zuwa 300. Mai batir ɗaya na bolt 12 da amfiya 200, wanda rabin abin da ke cikinsa kawai ya kamata a ja idan ana son ya daɗe, zai ga kallon sa'a uku ya cinye kashi uku cikin huɗu na wannan rabin, a bar fanka da fitilun gida da ragowar. Ƙaramin mai LED kuwa wat 50 zuwa 100 yake ci, yana kamawa nan take, ɗauke wuta ba ta dame shi ba, ana kuma ƙiyasta wa fitilarsa sa'o'i 20,000 zuwa 30,000, ko da yake galibi fankar ko gilashin ne ke riga fitilar lalacewa. Hukuncina shi ne: mai sola ƙarama, wanda da dare kaɗai zai yi kallo, ya ɗauki LED na kamfanin da ya faɗi ANSI ɗinsa, ya yi ƙana'a da inci 70 ko 80; mai gidan kallon ƙwallo kuwa, ko makaranta, ko mai wadatacciyar wuta, na gwanjon ya fi masa. Sai dai ya lura, yawancin na ofis an yi su ne don nuna rubutu, masu 1024 sau 768 ko 800 sau 600, hotonsu kusan murabba'i. Mai 1280 sau 800 ko 1080 shi ne abin nema.

Nisan da za a ajiye shi ma lissafi ne da ake yi da tef tun a gida. Kowane majigi yana da adadin da ake ninkawa da faɗin hoto a sami nisa, galibi tsakanin 1.2 da 1.5, ma'ana hoto mai faɗin mita 2.2 yana son mita 2.6 zuwa 3.3, kuma ɗakunan haya da yawa ba su da wannan sarari idan an cire kujeru da gado. Ana son ya zauna daidai tsakiyar bango, yana fuskantarsa kai tsaye. Maɓallin gyara karkata da masu talla ke yabawa yana aiki, amma da yanke ɗigo yake yi, hoton ya ragu a kaifi da haske. Allo ba farilla ba ne: bango mai sumul da aka shafa wa farin fenti marar sheƙi ya isa, fenti mai maiƙo kuwa ƙyalli zai riƙa mayarwa ido, bangon da ke da ruwan madara ko shuɗi kuma zai rina fuskar kowa.

Sauti shi ne inda kusan dukkansu suka gaza, domin lasifikar cikinsu ƙarama ce, ƙarar fanka tana gogayya da ita. A tanadi wata daban, kuma ta waya ta fi ta Bluetooth, wadda wani lokaci takan sa baki ya riga murya. Akwai kuma illar da ba a ganewa sai an kai gida: wasu masu araha ba sa fassara sautin Dolby, sai hoto ya fito murya shiru, har sai an shiga an sauya saitin. Haka nan manhajojin da ke cikinsu; da yawa ba su da lasisin Netflix, ko dai ta ƙi buɗewa ko ta ba da hoto mai rauni, kuma idan aka yi nufin turo fim daga waya sai a ji sauti a ga baƙin allo saboda kariyar haƙƙin mallaka. Ni ban ga dalilin ƙara kuɗi don waɗannan manhajoji ba. Kafar HDMI ita ce abin dogaro, biyu ma sun fi ɗaya, a sa dikodar DStv ko StarTimes ko ta tauraron da ake kama Arewa24, ko kwamfuta, ko 'yar ƙaramar sandar nan ta Fire TV. Sai kuma kafar USB mai karanta filashi, tun da har yanzu mutanenmu da yawa wajen masu turi suke karɓo Labarina da Izzar So da tafsirin azumi. Mai tsohuwar dikoda mai wayoyi uku, rawaya da fari da ja, ya duba ko akwai kafarsu.

Wajibi ne kuma a faɗa cewa akwai wanda majigi bai dace da shi ba sam. Gidan da ake kunna kallo tun hantsi, yara na shiga suna fita, ƙofa a buɗe, talabijin mai inci 43 ko 50 ta fi masa alheri ta kowace fuska. Fifikon majigi yana ga girman hoto da sauƙin ɗauka: a fitar da shi tsakar gida da bazara lokacin da ɗaki ya ƙi zaunuwa, a haska katanga, iyali da maƙwabta su baje tabarmi. Can ma da nasa sharaɗi, domin da damina ƙwari kan yi dafifi a bakin gilashin, inuwarsu ta riƙa giftawa a kan hoton, raɓa kuma ba ta yi masa daɗi. A ɗora shi a kan tebur, kada a kan katifa ko darduma da za su toshe masa kafofin iska, in an gama a bari ya huce a mayar da shi jakarsa.

Ranar saye, a je da filashi ɗauke da abu uku: farin hoto zalla, baƙin hoto zalla, da gutsuren fim mai rubutu a ƙasa. A roƙi mai shago ya ja ƙofa ya kashe ƙwai, in ya ƙi, wannan ma amsa ce. Farin zai tona tabon ƙura, da rawayan ƙuna, da ɗigon da ya mutu. Baƙin zai nuna ko duhunsa duhu ne. Rubutun kuma a duba shi a kusurwoyi huɗu bayan an saita tsakiya, domin a can rauni ke ɓuya. A bar shi a kunne kamar minti ashirin ana ciniki, a kasa kunne ga fanka, a sa bayan hannu kusa da mafitar iska, a ga ko zai kashe kansa don zafi. Idan na gwanjo ne a shiga saitinsa a karanta sa'o'in da ƙwan ya yi, tare da sanin cewa ana iya mayar da wannan lissafi sifiri, saboda haka ido ne alƙali. A tambayi kuɗin sabon ƙwan wannan samfurin da inda ake samunsa tun ba a biya ba, don akwai wanda kuɗin ƙwansa ya kusa rabin kuɗin na'urar, akwai kuma wanda an daina ƙera nasa. A juya bayansa a tabbata an rubuta bolt 100 zuwa 240, tun da wutarmu 230 ce, a karɓi rimot a gwada kowane maɓalli. Sa'an nan a sa mai shago ya rubuta a rasit, da hannunsa, sunan samfurin da lambarsa da kwanakin da aka yarda a mayar idan aibi ya bayyana.